Wa Ke Noma Gonar Auta?

Ni dai ba gem na je nema ba. Kwamfutar shago ce ta ishe ni da nauyi, ka danna abu ta tsaya tana tunani, ga mutane a tsaye suna jiran a buga musu takardu suna tsaki. Da na samu sarari sai na zauna goge tarkace. A cikin tarkacen ne na ci karo da ɗan hoton wata saniya mai murmushi, gem ɗin Auta, wasan da yake yi a kwamfuta.

Auta ƙanena ne, shi ne na ƙarshe a ɗakinmu, kuma a lokacin ya yi watanni da ɓata. Kada wani ya ɗauka ɗan makaranta ne ya ɓace a hanya. Ƙato ne da gemunsa, ya haura talatin. A shagona yake aiki. Ni ina wajen injin kwafi da ɗinke takardu, shi yana kan kwamfuta yana tsara katin gayyata da takardun neman aiki. Hannunsa na da kyau, wannan ba zan hana masa ba. Amma da zarar mutane sun ragu, sai ka gan shi ya duƙufa a gonarsa.

Gona ce ta ƙarya a wani tsibiri na ƙarya. Ana shuka, ana ban ruwa, ana kiwo, har suna ake raɗa wa dabbobi. In ya tashi daga shago sai ya ci gaba a wata tsohuwar waya mai fasasshiyar fuska, wadda ramin layinta ya mutu tun tuni, ya ɗaure bayanta da koren salatif ya sa mata suna Akwala. Na taɓa tambayarsa yadda aka yi kabewar da ya shuka a kwamfuta ta tsiro a waya.

Ya ce, "Yaya, gonar ba a kwamfuta take ba, ba kuma a waya ba. Duk inda na tsaya, in akwai intanet, sai a aika da shi girgije. In na buɗe a ɗayar sai ta sauko da shi in ɗora daga nan."

Na ce, "To madalla. Allah ya sa kada a yi ruwa kabewarka ta zubo mana a ka."

Ƙwaya ce ta shiga tsakaninmu. Tun da ya faɗi a babur ya bugu a gadon baya aka rubuta masa maganin ciwo. Ciwo ya tafi, magani ya ƙi tafiya. Na fara ganin kurakurai a aiki, sunan amarya a gurbin na ango, barci a kan kujera da rana tsaka. Ranar da na buɗe kwalin tawada na tarar da ƙwayoyi cunkushe a ciki, ban jira shago ya watse ba. Na wanke shi soso da sabulu a gaban mutane, kuma ba kalma ɗaya da na faɗa wadda ba gaskiya ba. Ya ɗauki hularsa ya fita. Bayan 'yan kwanaki Umma ta leƙa ɗakinsa ba ya nan, wayarsa ta kira kuma a kashe. Mun je wajen 'yan sanda, mun je asibitoci, mun bi abokansa ɗaya bayan ɗaya. Har ɗakin ajiye gawa na shiga, ba sau ɗaya ba.

To kun ji halin da nake ciki lokacin da na ga saniyar nan. Na so in goge, hannuna ya ƙi. Na danna don in ga inda ya tsaya, in ɗan yi kuka in rufe.

Gem ya buɗe, wani ɗan girgije ya yi ta juyawa a kusurwa, sai ga rubutu: an sauko da sabuwar ajiya. Na duba kwanan watan. Shekaranjiya.

Na goge tabarau na sake dubawa, shekaranjiya ce dai. An girbe kabewa, an shuka tumatir, an yi wa kaji sabon akurki. Wani yana noma gonar Auta.

Farin ciki ne ya fara zuwa, har na miƙe tsaye ni kaɗai a shago. Amma bai daɗe ba, domin da na ƙare wa gonar kallo sai na koma na zauna. Na san noman Auta, na sha tsayawa a bayansa ina yi masa tsiya. Shi ba ya jera komai. Nan albasa, can ɓarin shinge, saniya a kan gada, kaji a bakin rijiya, daidai da ɗakinsa. Wannan kuwa kunya-kunya ce a miƙe, kowace shuka da layinta, an share duwatsu an tara su gefe guda. Ba hannunsa ba ne. Na ce a raina, wani ya samu Akwala. In kuwa wani ya samu Akwala, ta yaya ya same ta, kuma ina mai ita?

Da na gaya wa maigidana, sai ya ce, "Wataƙila sayar da ita ya yi. Ko ya yar wani ya tsinta."

Na ce, "Wa zai sayi Akwala? Ko kyauta ka ba mutum sai ya zage ka."

"To ki kai wa 'yan sanda."

"In ce musu me? An saci waya ana shuka tumatir a ciki?"

Ya yi dariya, ya ga ban yi ba, ya haɗiye abarsa. Abu ɗaya muka yarda da shi, kada Umma ta ji. Tsohuwar nan ta kwanta ciwo makonni bayan ɓatan Auta, da ƙyar ta miƙe. Ba zan ɗaga mata rai a kan tumatirin ƙarya ba. A lokacin ma ta fara samun sauƙi, likita ya sa ta zuwa gashin gwiwa, wani dattijon ɗan tasi ne ke kai ta ya dawo da ita. Na ce zan riƙa raka ta, ta ce in tsare shagona, ita ba jaririya ba ce. In ta dawo takan biyo ta wajena ta zauna a kujerar roba da ke bayan injin kwafi, ta sha ruwa, ta yi wa masu zuwa kwafi faɗa a kan tauna cingam, sannan ɗan tasin ya kai ta gida.

Na shiga gadin gona. Kullum da safe kafin in share shago sai na buɗe. Wani lokacin kwana da kwanaki ba abin da ya motsa, sai kuma rana ɗaya in tarar an yi aiki mai yawa. Ran nan haƙurina ya ƙare, na ce bari in yi magana da ko wane ne. Saniyar tana da suna, Madam, don tsokanata Auta ya sa mata. Na goge na rubuta: Auta in kai ne kira ni. Na ajiye, na ga girgijen ya juya ya karɓa.

Na jira. Da sabuwar ajiya ta sauko, saniya ta koma Madam, kamar ban taɓa rubuta komai ba. Na sake rubutawa, wannan karon da zafi: Ɓarawo na gan ka. Aka sake mayar da ita Madam, har ma an gina mata rumfa. Wallahi ranar na ji kamar in ɗaga kwamfutar in maka da ƙasa. In ɓarawo ne, to ya raina ni. In kuma Auta ne, ya ga kirana ya goge. Ban san wanda ya fi ci min rai a cikin biyun ba.

Ina cikin ɗinke wa wata ɗaliba kundinta ne tunanin ya faɗo min, har na soke yatsa. Akwala ba ta da layi. Ba ta da hanyar zuwa girgije sai ta wai-fai, kuma ban san ta da wani wai-fai ba sai na shagona, don gidan Umma babu. Tabbas mutum zai iya sa mata wani. Amma in bai sa ba fa?

Ina da manhaja a wayata da ke nuna min duk na'urar da ta hau wai-fai ɗin shago. Na sa ta ne saboda maƙwabta masu shan data a ɓoye. Daga ranar na jingine wayar a jikin gwangwanin biro, ido ɗaya a kan aiki, ɗaya a kanta. Na ɓata wa mutane kwafi ba adadi. Wani ya kawo takardar haihuwa na buga masa a kife.

Wata ranar da yamma shago ya cika, Umma na kujerarta, injin na ta ƙugi, na kai ido sai ga shi a jerin sunaye, ƙarƙashin kwamfuta da wayata: Akwala.

Wai-fai ɗina ba shi da nisa. In ka wuce shago biyu ya fara shaƙewa, in ka tsallaka titi ya yanke. Ke nan wayar tana nan, a kusa da ni, a daidai wannan lokacin. Na bar takardun wani a cikin injin na yi waje. Na duba hagu na duba dama, ina neman ƙato mai gemu da hula. Babu shi. Masu jiran mota ne a bakin titi, sai mai aski yana karkaɗe tawul, sai shagon da ke manne da nawa, na mai gyaran waya da kowa ke kira Injiniya. Yana sunkuye a kan teburinsa, gabansa wayoyi birjik.

Na ce a raina, af, ashe abin a gindina yake. Wa wayoyin sata ke bi ta hannunsa in ba mai gyara ba? Wa ya san lambar sirrin wai-fai ɗina tun ranar da aka haɗa?

Na faɗa shagon ba sallama.

Ya ɗago ya ce, "Hajiya, lafiya?"

"Lafiyar ke nan. Buɗe min durowar nan."

"Wace durowa?"

"Duka."

Ya dube ni ya dubi yaran makarantar da suka kawo gyaran caja, sannan ya jawo durowa ya zazzage a kan tebur. Ya jawo ta biyu ya zazzage. Na bi su ɗaya-ɗaya ina juyawa, masu fasasshiyar fuska sun fi a ƙirga, amma babu mai koren salatif.

Na ce, "Aljihunka fa?"

Ya miƙe a hankali ya zaro aljihunan wandonsa waje, makulli da ɗan sukundireba suka faɗo. Ya ce, "Me kike nema ne, don Allah?"

"Wayar Auta. Tsohuwar."

Sai fuskarsa ta canja. Ya ce, "Hajiya, ni fa na rufe shagona na raka ki ɗakin gawa. Ni na riƙe miki jaka kika shiga. Kin manta?"

Ban manta ba, kuma maganar ta soke ni. Amma bakina ya riga ni, na ce, "Shi ya sa na fara da kai, ai kai ka san ta."

Ya sunkuya yana tattara wayoyinsa. Na koma shago. Umma ta ce, "Yayarsu, hayaniyar me nake ji?" Haka take kirana tun muna yara. Na ce mata rigimar data ce kawai. Ta ce in riƙa sassauta wa mutane. Can ɗan tasinta ya yi hon, ta rungumi jakarta ta fita tana ɗingishi. Da na sallami mai takardun da na bari a injin na duba waya, Akwala ta tafi. Na buɗe gona, an girbe tumatir.

Kwana na yi ina jera mutanen da suka tsaya a ƙofar shagon a kaina. Mai aski ko rubutun waya ba ya iya yi sai ya kira ɗansa. Masu jiran mota kullum sababbi ne. Sai na tuna da wanda ban ko kalla ba, don na saba ganinsa: ɗan tasin Umma. In ya sauke ta ba ya tafiya. Yakan faka a ƙarƙashin bishiyar ƙofar shagona, ya kwantar da kujera, ya kunna rediyo, gilashi a rufe. Me yake yi a ciki? Mutumin da ya san gidanmu, ya san ɗakin Auta titi yake kallo. Ko ma shi ya ɗauki Auta a ranar, ya kai shi inda ya kai shi, wayar ta zauna a motar. Kuma wannan mutumin ne nake bari yana yawo da mahaifiyata shi kaɗai!

Wannan karon ban yi gaggawa ba, na ɗana masa tarko. Ranar da Umma ta sake zuwa, hadari ya haɗu tun da rana. Motar na tsayawa na kalli waya, sai ga Akwala ta hau. Na ce yawwa. Na fita da fara'ata har da gaishe shi da jiki, na ce, "Baba, don Allah taimaka ka kai min kwalin nan wata makaranta can ƙarshen gari, suna jira." Ya karɓa ba musu. Na tsaya a ƙofa waya a hannu, ina kallon motar tana tafiya, ina jiran sunan ya ɓace in kira maigidana mu san abin yi.

Motar ta wuce mai aski. Ta kai mahaɗa ta karya kwana. Akwala na nan daram.

Sai ruwa ya sauko kamar da bakin ƙwarya. Masu jiran mota suka watse a guje, mai aski ya ja ƙofarsa. Shagon Injiniya ma da kwaɗo, tun ranar nan ya koma tashi da wuri don kada mu haɗu. Titi ya zama ba kowa. Na shigo na tsaya ina kallon jerin sunayen nan guda uku, kwamfuta, wayata, Akwala. Sannan na ɗago na dubi shagona. Injin kwafi, kantar takardu, fanka. Sai Umma a kujerar roba, ta ɗora jakarta a cinya ta riƙe da hannu biyu. Umman da a da in ta shigo take wurgar da jaka a kan kantar takardu ta ce a miƙo mata ruwa.

Na ce, "Umma, ba ni jakarki."

"Jakata kuma? Me za ki yi da jakar tsohuwa?"

"Akwala tana cikin shagon nan. Kuma ni da ke ne kaɗai."

"Wace ce Akwala?"

"Wayar Auta, Umma."

Ta kalli ruwan da ke zuba a bakin ƙofa. Sannan ta zuge jakar, ta zaro wani abu naɗe a cikin safa, ta warware. Fasasshiyar fuska, koren salatif.

Ta ce, muryarta ƙasa-ƙasa, "Ba layi a cikinta fa. Shi da bakinsa ya ce ba layi, ba mai iya bin ta. Ya aka yi ta yi magana?"

Tambaya ɗaya ce a bakina, kuma tsoronta nake ji.

"Yana raye?"

"Yana raye."

Na zauna a kan kwalin takarda. Na yi ta cewa alhamdulillahi, ban san sau nawa ba. Da numfashina ya dawo, fushi ya biyo shi.

"Umma! Kina kallona ina shiga ɗakin gawa ina buɗe fuskokin 'ya'yan mutane? Kina kallona?"

"Lokacin ban sani ba, wallahi ban sani ba. Sai daga baya ya sa aka kira ni."

"Gashin gwiwar fa?"

"Gwiwa dai tana ciwo," in ji ta, "amma ba wanda ya gasa ta."

A hankali ta ba ni labari. Akwai wani gida a bayan gari inda ake kula da masu son rabuwa da ƙwaya. Da ƙafarsa ya kai kansa. Ba a barin su da waya, ba a fita, sai dai a zo a gan su a ranakun ziyara. Ta ce zuwanta na farko zama suka yi kamar baƙi, shi yana kallon ƙasa ita tana kallon bango. Da za ta tafi ya ce ta duba ƙarƙashin katifarsa ta zo masa da tsohuwar wayar. Masu gidan suka duba suka ga ba layi, suka ce ya taɓa a gabanta, in za ta tafi ta tafi da ita.

Ta ce, "Yanzu yana nomansa ina kallo. Ya nuna min wannan kaza ce, wannan rijiya ce. A haka a haka har mu ɗan yi hira. In na fito kuma zuciyata ba ta iya kai ni gida kai tsaye, sai in biyo in gan ki. Shi bai san ina biyowa ba."

Na ce, "Ba nomansa ba ne. Auta bai taɓa jera abu a layi ba."

"Hannunsa rawa yake yi, dole ya bi a hankali. Ya ce in ya jera su daidai, kansa yana yin shiru."

Na miƙe na fara neman mayafina, ko me zan yi da shi a cikin ruwan nan oho. Na ce, "Ziyara ta gaba tare za mu je. A'a, ma gobe. Zan ga mai gidan, zan..."

"Ba za ki je ba."

"Kamar ya ba zan je ba? Ƙanena ne!"

"Yayarsu, zauna." Ba ta taɓa yi min wannan muryar ba tun ina budurwa. Na zauna. Ta ce, "Ya sa na yi masa alkawari ba wanda zai sani. Da ya ce ba wanda zai sani, na ce har Yayarka? Ya ce musamman ita."

Na sunkuyar da kai, ta ci gaba.

"Ba ƙin ki yake yi ba. Kullum sai ya tambaye ni ke, ya tambayi yara, ya tambaya ko kin samu mai yi miki kati. Cewa ya yi in kika zo za ki yi magana, kuma duk abin da za ki faɗa gaskiya ne, shi kuma yanzu ba shi da ƙarfin jin ta. Ya ce ranar da ya san kin sani, a ranar zai haura katanga. Kin san shi. Zai haura."

Na san shi. Abin ya yi min ciwo, ciwon da ban san inda zan ajiye shi ba. Na zargi maƙwabcina, na zargi dattijon da ke can cikin ruwa da kwalina, na zargi duk wanda ya tsaya a ƙofata, ashe ni ake ɓoye wa.

Na juya ga kwamfuta don kada ta ga fuskata, na buɗe gonar. Aikin yau ya riga ya sauko. Ya haƙa sabuwar rijiya, ya fara shinge bai gama ba, ya tsaya a tsakiya, ina jin a nan lokacin ziyara ya ƙare. Ina kallon shingen nan sai na gane abin da ya faru da saƙonnina. Ba goge su ya yi ba, bai taɓa ganinsu ba. Ina rubutawa ne bayan wayar ta bar shago. Shi kuma ya yi nomansa can inda ba intanet, in Umma ta dawo da ita nasa ne sabo, sai ya hau ya danne nawa. Har da Ɓarawo na gan ka. Allah ne kaɗai ya rufa asiri.

Amma yanzu nasa ya riga ya hau, kuma ga wayar nan a cinyar Umma. In na rubuta a wannan lokacin na ajiye, nawa ne sabo. Za ta sauko da shi tun Umma ba ta tashi ba, ziyara ta gaba ya buɗe ya gani.

Na danna saniyar, wurin suna ya buɗe. Yatsuna suka tafi da kansu: Auta ni ce.

Umma ba ta iya karatun boko sosai ba, amma ta iya karanta bayana. Ta ce, "Me kike yi?"

"Kalma uku ce kawai, Umma. Ba faɗa a ciki."

"Zai gani?"

"Zai gani."

"To kin ji abin da ya ce."

Ba ta tashi ta riƙe min hannu ba. Ta bar ni da abina. Na zauna ina kallon kalmomin nan, ruwa na dukan kwano, fanka na juyawa. Watanni ina roƙon Allah ya ba ni hanya ɗaya da zan isa gare shi, ga ta a ƙarƙashin yatsana. Na goge su harafi bayan harafi. Da na zo rufewa gem ɗin ya tambaye ni ko a ajiye canji, na danna a'a.

Ruwa ya tsagaita, ɗan tasin ya dawo ya yi hon. Umma ta naɗe wayar a safarta ta mayar jaka. Na ɗauko lema na riƙe mata har bakin mota, na buɗe mata ƙofa, na tattare mata gefen zaninta kada ya jiƙe.

Na ce, "Ya rame?"

"Ya rame. Amma ya fara cin abinci."

"Umma, in kin je ki ce masa..."

Ta tsaya da ƙafa ɗaya a cikin mota tana jirana. Maganganu suka cika min baki, masu daɗi da marasa daɗi, duk suna turereniya.

Na ce, "Kada ki ce masa komai."

Ta gyaɗa kai ta shiga. Na rufe mata ƙofar a hankali, na koma shago na ja labule, na yi kukana inda ba mai ji.